Genzo da Tsohon Jikin Dutse

A ƙauyenmu ba a shuka shungiku da kalanda. Ganyen nan mai ƙamshi da ɗan ɗaci, wanda romon nama ba ya cika sai da shi, rigimamme ne na gaske. Ka yi gaggawa, sanyi ya ƙone tsiron. Ka yi nawa, zafi ya sa shi ya miƙe ya yi fure, ba ya ciyuwa. Kwana goma ne kacal tsakani. Abin da ake jira shi ne ƙanƙarar dutsen gabas ta narke har baƙin dutsen ya fito da siffar wani tsoho da ya ranƙwafa yana watsa iri. Shekara talatin da ɗaya, Genzo ne yake gaya mana ranar da tsohon ya fito.

Genzo kuwa bai taɓa ganin tsohon nan ba, ko sau ɗaya.

Yana ɗan shekara bakwai mahaifinsa ya ɗora shi a wuya ya nuna masa: "Ga kansa, ga kwandonsa. Ka gani?" Genzo ya duba, ya ga dabbare-dabbare kamar bayan saniya, ya ce ya gani don a sauke shi. Ya girma ya shiga masana'antar yankan katako, ya bar yatsa ɗaya da rabi a can, ya auri Matsue, mace mai ƙarancin magana da yawan aiki. Yana da shekara arba'in da shida aka rufe masana'antar. Wata takwas ya yi a ɗaki yana kallon bango, ko gemu ba ya askewa.

Wata safiya maƙwabciyarsu Tsuya ta leƙo ta shinge. "Genzo, kai da babanka ya iya duban dutse, tsoho ya fito kuwa?"

Har ya buɗe baki zai ce oho, sai ya hango Matsue ta sauko da gwangwanin iri daga kan kabad tana share masa ƙura. Ya gyara murya ya ce, "Gobe." Aka shuka, ganye ya yi kyau har ana kyauta da shi. Shi ke nan gwani ya samu.

Tun daga nan, da ƙanƙara ta fara narkewa zai tsaya kan gada, hannu a baya, ido ɗaya a dutse, ɗaya a tagar kicin ɗinsa. Har madubin hangen nesa ya saya, dabbare-dabbaren suka ƙara girma. Da aka gayyace shi makarantar firamare ya zana tsohon a allo, yara suka ce ai kansa ya zana. A ransa yakan ce, "Kai Genzo, ɓarawon da ya fi kowa lalaci, a gidansa yake sata." Amma in Matsue ta ce, "Tsoho, me dutsenka ya ce yau?" sai ya ɗaga hanci ya ce, "Ke dai yi girkinki, abin ba na kowa ba ne."

Matsue ta rasu a tsakiyar hunturun bara. Da sanyi ya fara sauƙi, gwangwani na kan kabad, ba mai sauko da shi. Shekara hamsin da biyu suna tare, girman kai bai bar shi ya tambaye ta da me take gane ranar ba. Mutane na wucewa ta gada suna gaishe shi, ya ce a ƙara haƙuri. Ya tsoma guntun yatsansa a ƙasa, ya shinshina iska, babu abin da ya gane. Tsoro ya kama shi sosai: in ya yi shiru lokaci ya wuce, in ya yi magana ya kashe wa gida arba'in iri.

Rana ta shida da fara tsayuwarsa a gada ya sami Tsuya tana gyaran fangalinta, ya cire hula.

"Tsuya, ni maƙaryaci ne. Tun da aka haife ni ban taɓa ganin tsohon nan ba. Matsue nake leƙe."

Ko ɗagowa ba ta yi ba. "Ga shi can tun shekaranjiya, har kwandon ya fito."

"Kina ganinsa?"

"Haba Genzo, wa ba ya ganinsa? Jikata 'yar shekara biyar ma tana ganinsa. Kai kaɗai ne a ƙauyen nan."

Ya nemi bakin fangali ya zauna. "To me ya sa kuke tambayata?"

Sai a lokacin ta ajiye fartanya. "Shekarar da aka rufe masana'antar katako, Matsue ta bi mu gida-gida. Ta ce mijinta zai mutu a ɗaki in ba a nemi wani abu a wurinsa ba. Mun ɗauka shekara ɗaya za a yi, sai ka sayi madubi."

Genzo ya yi dariya har ta koma masa kuka, Tsuya ta ƙyale shi ya gama. Da ya share fuska ya ce, "Yanzu ya zan yi?"

"Ka je gada ka ce gobe. Gwiwoyinmu sun gaji da jiranka, iri duk yana aljihunmu."

Ya je ya faɗa. Mu kuma, da muka kwana biyu muna kallon tsohon ƙuru-ƙuru, muka rusuna muka yi masa godiya.