Wa Zai Karanta wa Inna Irmtraud Ayarta?

Kullum da safe, kafin motar burodi ta shigo ƙauyenmu, Inna Irmtraud Lemke ta riga ta buɗe coci. Ta yi shara, ta canja wa furanni ruwa, sannan ta buɗe babban Littafi Mai Tsarki ta karanta babi guda da ƙarfi. Kujeru ne kawai ke sauraronta. Fastonmu ƙauyuka sun yi masa yawa, sai a yi wata ba mu ga ƙeyarsa ba, don haka ita ce mai shara, ita ce mai buga ƙararrawa, ita ce mai karatu. Yanzu idanunta sun gaza, likita ya ce babu gyara, kuma har yau ba a sami mai karɓarta ba.

Abin da ke ƙona mini rai, daga tagar ɗakin girkinta ana hango wani tsohon gini a kan dutse, inda wani shahararren malamin coci ya ɓuya shekaru ɗari biyar da suka wuce ya juya Sabon Alkawari zuwa Jamusanci. Coci ya dare gida biyu, jini ya zuba, amma manomi da matarsa sun ji maganar Allah da harshen da suke cinikin hatsi da shi. Yau baƙi na cika motoci su je ɗaukar hoton ɗakinsa. Mu da ke gindin dutsen kuwa, ranar Lahadi cocinmu wayam.

A al'adarmu, idan yaro ya tasa, ranar da aka yi bikin tabbatar da shi cikin addini a coci, fasto na zaɓa masa aya guda. Ita za ta bi shi tsawon rayuwa, ita za a karanta a bakin kabarinsa. Inna Irmtraud ce ta daɗe tana wannan karatun, ko ana ruwa ko ana ƙanƙara.

Sai dai a zamanin gwamnatin gurguzu iyaye da yawa bikin gwamnati suka kai 'ya'yansu maimakon coci, don kada a toshe musu hanyar karatu. Eckhard Pfeil, direban tarakta, yana cikin waɗanda suka tashi babu aya. Aikinsa ke nan tsokanar Inna Irmtraud.

"Irmtraud, yau kujera nawa ta tuba?"

"Duk sun fi ka natsuwa dai, Eckhard."

Bara ciwo ya kwantar da shi, ya sa matarsa Gudrun ta kira ta. Gudrun ce ta ba ni labarin.

"Ba wa'azi na kira ki ki yi mini ba," in ji shi.

"Na sani. Wa zai ɓata bakinsa a kanka?"

Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Sannan ya ce, "Babata na da aya. Kakana ma haka. Ni shiru za a jefa ni a rami kamar mataccen kare?"

"Ni ba fasto ba ce, ba ni da ikon zaɓa maka," ta ce. "Amma tawa ta ishe mu mu biyu."

Ta karanta masa. Ya ce ta sake, ta sake.

Ranar jana'izarsa ta tsaya da littafi a buɗe, murya ba rawa. Gudrun da ke kusa da ita ce ta lura ko kallon shafin ba ta yi, daga ka take kawowa. A ranar muka gane idanun sun tafi.

Inna Irmtraud, ke ce muryar da ta raka iyayenmu makwanci. Ke ce ba ki taɓa tambayar mamaci sau nawa ya taka coci ba. Mun bar miki aikin gari guda, ba ki taɓa goranta mana ba.

A walimar sallamarta an sha kofi, an ci kek, an yi tafi. Da fasto ya tambayi wanda zai karɓi aikin, kowa ya tsura wa kofinsa ido. Na raka ta gida tana riƙe da hannuna. A bakin ƙofa ta ce, "Detlef, ba mutuwar nake tsoro ba, na ga ta mutane da yawa. Shirun da Eckhard ya ji tsoro, shi nake tsoro."

Mun gode, Inna, ko da yake godiya ba za ta karanta miki komai a bakin kabari ba. Ku kuma mutanen gari, tana gida, ƙofarta ba a kulle take ba, kuma ta ce za ta koya wa duk wanda ya zo. Ba waliyyi take nema ba. Mai idanu take nema, wanda zai iya buɗe baki.