Ranar da Muka Je Hatta da Hajiya

Shekara uku na yi ina zaune gida ɗaya da wani dattijo Bazazzagi a unguwar Al Rigga da ke Dubai. Ni ina aiki a kantin magani, shi kuwa injiniyan na'urar sanyaya ɗaki ne. Baba nake ce masa. Matarsa Hajiya ta rasu a Zariya tun kafin ya zo Dubai, bai sake aure ba, hotonta ma bai ajiye a inda ido zai gani ba.

Duk Juma'a in an sauko daga masallaci sai ya ce, "Yalla, mu leƙa kasuwar Al Ras." Can wajen masu kayan ƙamshi zai sayi ɗan kanumfari, ko busasshen lemun tsami, ko turaren wuta. In mun dawo ya zuba a ƙaramar kwalba, ya shaƙa, ya rubuta abin da ya faɗo masa a rai, ya manna takardar a jikin kwalbar. Ya ce wani ilimi yake haɗawa wanda ba a kai gare shi ba tukuna. A ganinsa, duk abin da ya faru a nan, akwai wata duniyar da bai faru ba, kuma muna can muna rayuwa. Tunani kaɗai ke iya tsallakowa, ƙamshi ne ke riƙe shi kada ya ɓace.

Na taɓa ce masa, "Baba, anya wannan maganar ba ta taɓa imani ba?"

Ya ce, "Wanda ya halicci wannan, wata za ta gagare shi ne?"

Na bar shi. Na ɗauka kaɗaici ne.

Lokacin korona, da aka kulle gari, wata rana da la'asar na dawo daga aiki na tarar da shi a falo da kwalba a hannu.

"Ɗana, ka tuna ranar da muka je yawon buɗe ido garin Hatta da Hajiya?"

"Baba, ban taɓa ganin Hajiya ba. Hattan ma ban taɓa zuwa ba."

"Shaƙa dai."

Don kada ransa ya ɓaci na karɓa. Citta ce da kanumfari, ba wani abu ba. Amma ina shaƙa sai na tuna. Ba mafarki ba ne, ba kuma gani na yi ba, tunawa na yi kamar yadda nake tuna gidanmu. Ruwan dam kore shar tsakanin duwatsu. Wata mata da shuɗin mayafi zaune a kan darduma, tana yi mini faɗa cikin dariya wai na manta kofuna a mota, sai da muka sha shayi a murfin filas, muna miƙa wa juna.

Na ce, "Baba, tana da wushirya?"

Ya daɗe yana dubana. Na zaci murna zai yi, ga ilimin nasa ya tabbata. Sai ya ce a hankali, "Ashe tana can. Ni ne babu ita." Ya shige ɗakinsa ya turo ƙofa.

Daga ranar bai ƙara haɗa kwalba ba. In na tayar da zancen sai ya ce, "Khalas," wato zance ya ƙare. Ya rame, ya rage magana. Da aka buɗe filin jirgi ya ajiye aiki ya koma Zariya, wata bakwai bayan nan 'yarsa ta bugo mini ta ce Allah ya yi masa rasuwa. Bayan gaisuwa na daure na tambaye ta kamannin mahaifiyarta. Ta turo hoto. Ita ce.

Na sha gaya wa kaina wataƙila ya taɓa kwatanta mini ita na manta. Mai yiwuwa ne. Abokan aiki sun gayyace ni Hatta sau biyu kafin in bar ƙasar, na ce ba ni da lafiya.

Abin da ban iya gaya wa kowa ba shi ne, kewarta nake yi. In na idar da salla ina yi wa mamatanmu addu'a, in na zo kanta sai harshena ya tsaya, don ban san ko gafara zan roƙa mata ba ko ƙarin lafiya.