Kunu a Ƙwarya Ɗaya

Kano zuwa Kura

Ana sallame Asuba na fito, Inna tana biye da ni har zaure tana cewa, "Bala, idonsa za ka duba min, ba bakinsa ba." Ƙanena Sani take nufi. Ƙwaya ta so ta gama da shi a unguwa, sai ya tafi ƙwadago Bunkure, muka daina jin ɗuriyarsa. A shingen hanya aka sauke mu aka zazzage buhuna. Direba ya yi ta mita.

Kura zuwa Bunkure

Na karya da waina, na hau babur. Ɗan acaɓan surutu ne da shi kamar rediyo, amma ya yi min rana. "Yayana, 'yan birni ai suna gonar Baba Ɗanlami," in ji shi. Muka bi gefen hanyar ruwa, shinkafa kore shar dama da hagu.

Gonar Baba Ɗanlami

Na tarar da tsoho a gindin mangwaro, da ƙatuwar ƙwaryar kunu a gabansa. Na tambaye shi me ya sa ba na ganin mai shayi a nan.

"Ɗana, lokacin da ruwan noman ranin nan ya fara zuwa ina lodin tumatir," ya ce. "Motoci su tafi Kudu, su dawo da kwanduna wai babu komai ciki. Ashe akwai ƙwaya. Direba, dillali, mai shayi, kowa na kusa da shi kawai ya sani. Ba sa sayarwa da farko. A shayin leburori suke jefawa, mutum ya wuni yana yanka bai gaji ba, gobe ya zo yana roƙo. Abokaina da yawa haka suka tafi. Shi ya sa a gonata ba mai zuwa da butar shayinsa. Ƙwarya ɗaya ce, kuma ni nake fara sha."

Sai ga leburori sun fito hutu. Sani na cikinsu, ya yi baƙi, ya yi ƙiba. Ya karɓi ƙwaryar da hannu biyu, ko rawa ba sa yi. Ya ɗago ya ce, "Yaya, kai ne?" Wallahi sai da na juya na share hawaye.

Gida

Na iso da La'asar, da albasar da Sani ya ba ni in kai mata. Inna ko kallon ledar ba ta yi ba.

"Idon fa?"

"Fari tas, Inna."

Ta zauna a tabarma, ta ɗaga hannu tana gode wa Allah, tana sa wa tsohon da ba ta taɓa gani ba albarka.