Ranar da Rijiyar Garin Jari Ta Kama da Wuta

Na yi shekara talatin da ɗoriya ina aikin rijiya, na manta da abubuwa da yawa, amma ranar da ruwa ya ci da wuta a gabana ba ta taɓa fita raina ba. Ku da kuka shigo aikin yanzu da injin haƙa da takardun lakwal, wato na makarantar boko, ku kasa kunne, don injin ba zai gaya muku wannan ba.

Lokacin ba a daɗe da samun mulkin kai ba. Ni ne shef na masu gina rijiyoyin gwamnati a ƙasar Tasawa zuwa Mayahi, wato ina da mutum shida, da amalanken shanu, da siminti, kuma ni ke sa hannu a rapor, takardar rahoto, idan an gama aiki. A samana akwai kwamandan, wanda duk ƙasar ke hannunsa. Ɗan ƙasa ne kamar ni, ba Bature ba, kada ku ce ban faɗa ba.

A gefen wani ƙauye, Garin Jari, sojan Turawa suna da ɗan filin jirgin sama. Ba wani abin a zo a gani ba ne: fili da aka daɓe da jar ƙasa, rumfunan kwano uku, da tarin tano, wato gangunan ƙarfe, cike da esansi, man jirgi. Tun zuwansu suka kewaye rijiyar garin da waya suka ce ta zama ta bariki. Shekara da shekaru matan garin suna tafiyar rabin yini ɗibar ruwa a wani gari, suna hangen rijiyar kakanninsu ta cikin waya. Da sojan suka tashi, aka yi guɗa, aka yanka akuya, aka yaye wayar.

Damina ɗaya aka yi, maigari ya kawo kuka biro, wato ofishin kwamandan. Ruwa yana wari, jakuna suna kau da kai, yara suna ciwon ciki, tuwo yana ɗanɗanon fitila. Kwamandan ya ce ƙazanta ce kawai, in ɗauki mutanena in je in yashe ta. Sauri yake yi, domin an zaɓi filin ya zama wurin awon gyaɗa: shimfiɗaɗɗe ne, kamyo, babbar motar kaya, na iya shiga, ga ruwa a kusa. Kaka kuwa ta gabato.

A aikinmu akwai ƙa'ida. Ba a shiga tsohuwar rijiya sai an fara zura fitila mai ci a igiya. In ta kai ƙasa tana ci, iskar ramin lafiya take, mutum ya sauka. In ta mutu, akwai muguwar iska, a dakata. Haka ubana ya koya mini, haka nasa ya koya masa. Mun ji wari, ba zan yi ƙarya ba, amma duk filin haka yake wari, har ƙasar da muke takawa. Kuma mu abin da muka sani a rijiya shi ne iskar da ke kashe wuta. Ba wanda ya taɓa ba mu labarin wadda ke hura ta.

Nomau ne ya zura fitilar. Shi ne babban mai shiga ramina, mutumin Attantane, mai 'ya'ya biyar, wanda hannunsa ya san igiya kamar yadda na masaƙi ya san zare. Ya duƙa a bakin rijiya yana sakin igiya a hankali, yana leƙawa. Ba ta kai rabi ba muka ji wata ƙara, ƙasa ta motsa, harshen wuta ya taso ya wuce tsayin mutum. Shanun amalanke suka tsinke. Da muka jawo Nomau, babu gira a fuskarsa, fatar hannayensa ta saɓule. Muka kai shi likita a Tasawa. Ya rayu, amma yatsun damansa sun lanƙwashe, bai sake riƙe igiya ba.

Da na komo, sai tsoho Tanko, wanda ya yi wa sojan gadi, ya ja ni bayan rumfa ya nuna mini wani wuri da ko ciyawa ba ta fito ba, taki ashirin daga rijiya. Ya ce ana gobe za su tashi, tano da yawa suka rage, babu wuri a jirgi. Sai sajan ɗinsu ya sa aka gina rami, aka huda tanon ɗaya bayan ɗaya, aka tuttule esansi da baƙin mai, aka mai da ƙasa. Tanko ya roƙa a bar wa mutanen gari ko baƙin man su shafa wa amalanke, aka ce masa takarda ta hana a ba farar hula kayan soja. Ku ji fa. Takarda ta hana a ba talaka, ba ta hana a zuba masa a gindin rijiya ba. Har yau in na tuna sai in ji zuciyata tana tafasa.

Na ɗebo ruwan a butali, wato kwalba, na tafi biro. Na tarar an riga an buga rapor, sa hannuna kawai ake jira. An rubuta cewa fitila ce ta fashe saboda sakacin ma'aikaci, kuma rijiya za ta yi amfani da zarar an yashe ta. Sakacin Nomau, wai. Na ajiye butalin a kan tebur, mai yana yawo a saman ruwan. Na gaya wa kwamandan cewa a sana'armu magini ne ke fara shan ruwan rijiya kafin ya miƙa ta, ni kuwa wannan ba zan sha ba, don haka ba zan sa hannu ba.

Ya dube ni ya ce, "Isuhu, Turawan ga sun tahi. Wa za ka kai ƙara? Gujiya kuwa ba ta jiran kowa." Gyaɗar awo yake nufi.

Na ce, "Ranka shi daɗe, in ruwan ga na shayuwa, ga shi nan, bisimilla."

Bai sha ba. Ya tura butalin gefe da bayan alƙalami. A ƙarshe aka mai da awon gyaɗa wani gari, aka ce in rufe rijiyar, sabuwa kuma sai an sa ta cikin aikin baɗi. Ba wanda ya rubuta wa sojan ko layi ɗaya. Na zuba murfin siminti mai kauri, na kwashe kayana na nufi Mayahi, ina jin kaina wani gwarzo da ya tsaya wa gaskiya.

Bayan wata huɗu hanya ta biyo da ni ta Garin Jari, rani ya kankama. Na tarar an fasa gefen murfin, mata suna layi da guga. Raina ya ɓaci, na hau su da faɗa, na ce so suke su kashe 'ya'yansu. Wata tsohuwa, Inna Hadiza, ta bari na gama, sannan ta gaya mini rijiyar da suke zuwa can nesa ta ja baya, masu ita sun hana baƙi. Suna tara ruwan wannan rijiya a randa ya kwana, su yaɗe man sama da ludayi, su sha na ƙasa.

Ta ce, "Ɗana, ƙishirwa kwana biyu takan ba mutum. Wanga ko yana ɗan jinkirta muna. Kai da ka ruhe, mi ka bar muna?"

Sojan sun rufe raminsu sun tafi, ni ma na rufe nawa na tafi, kowa da takardarsa mai tsabta.

Na kira mutanena, muka fara sabuwar rijiya can kan tudu, nesa da filin, ba da izinin kowa ba. An rubuta mini laifi a kai, na karɓa. Wata uku muka yi kafin mu cim ma ruwa, kuma duk wata ukun nan wancan ruwan ne garin ke sha. An binne yara biyu kafin mu gama. Ko ruwan ne, ko ba shi ba ne, Allah masani, don ba wanda ya zo ya auna.

Abin da na koya ke nan. In an aike ku wuri, ku tambayi tsofaffi abin da aka taɓa yi a ƙasar kafin ku kunna ko ashana. Kuma ƙin sa hannu ba shi ne ƙarshen aiki ba. Kada ku rufe wa mutane rijiya, komai muninta, sai kun buɗe musu wata, domin ku za ku koma gida ku sha ruwan randarku, su kuwa gobe da safe nan za su dawo da guga.