Sunan da Na Sa Aka Yanke

Shekara tara ke nan da rasuwar ƙanena Habu, malamin lakwal, wato makarantar boko, a Magariya, wanda ya sayo ƙaramar kyamara a Kano ya rasa wanda zai ɗauka sai kansa. Ni ne babban wansa, ni ne kuma na fi kowa yi masa faɗa a kan haka.

Da ciwon hanta ya kama shi, sai ya riƙa ɗora kyamarar a kan turmi a tsakar gida, ya zauna gabanta yana magana. Ya ɗauki ramarsa, ya ɗauki hannunsa yana rawa da kofin koko, har ranar da ya kasa hawa babur zuwa kasuwar Guci ya zauna yana hawaye. Duk wannan na haɗiye. Abin da ya tsaya mini shi ne wurin da ya dubi kyamara ya kira sunan 'yarsa ta fari, Hadiza, ya ce yana ƙaunarta. A gidanmu uba ba ya faɗin sunan ɗan fari, ba ya wasa da shi. Habu ma "yarinyar nan" yake ce mata.

Na ce masa in dangi suka gani, za a ce ciwo ya cire masa kunya. Bai yi musu ba. "To, Yaya, zan yanke," in ji shi. Fim ɗin da abokansa suka kalla bayan ya rasu babu wurin a ciki. Guntun ya sa a ɗan katin waya ya ba ni, na jefa a akwati. Hadiza tana da shekara goma a lokacin.

Yau kowa ɗaukar kansa yake yi, an ci ado, an goge fuska, ko kurji babu. Nakan ce da Habu na nan da ya yi dariya, ya tambaye su ina suka ɓoye ranar da ba su da lafiya. Amma wa ya ba ni bakin magana, ni da na ɓoye tasa?

Watan jiya Hadiza ta zo gaishe ni daga Mallawa, inda take aure. Cikin hira ta ce ba ta sani ba ko mahaifinta ya damu da ita, don ba ta taɓa jin ya kira ta ba. Kunya ta kama ni irin wadda ban taɓa ji ba. Na buɗe akwati.

Kyamarar ta lalace, fim ɗin ma an manta da shi. Abin da ya rage na Habu shi ne ɗan guntun da na hana. Ta kalle shi a wayarta, ba ta yi kuka ba, ba ta kuma dube ni ba.

"Baffa," ta ce, "tun yaushe yake wurinka?"

Na gaya mata gaskiya.