Ƙullin Ciyawa a Ƙofar Jikana

Ko da tsufa zai kwashe mini komai daga kai, ba zai kwashe safiyar da na ga ƙullin ciyawa a ƙofar ɗakin jikana ba.

Ɗana na fari yana aikin jinya a ƙasar Ailan, can ya auri baturiya. Shekarar da suka haihu, ya kawo ta Kagoro da jaririn don in sa masa albarka. Yarinyar tana da ladabi, tana cin tuwon acca ba ta yatsina fuska, amma ni idona ba ya barci. Gida mai baƙon jariri, sai da tsaro.

Ranar ɗaya ga Fabrairu na fito shara da sassafe, na ɗaga kai, sai ga abu a saman ƙofarsu. Ciyawar fadama ce an saƙa ta, hannu huɗu, kowane baki an ɗaure shi tam. A wurinmu, ba a ƙulla ciyawa don ado. Ana ƙulla ta a gona ko a ƙofa ne in ana so a ce wa mutum: taɓa ka gani. Kuma na san wanda muke rigima da shi: ƙanen marigayi mijina, wanda ya daɗe yana cewa gonar citta ta bakin rafi tasa ce. Jiya-jiya ya zo ganin yaron, har ya ɗauke shi ya ce, "Magajin gona ya iso."

Ban taɓa abin da hannu ba. Na sa sanda na sauke shi, na kife shi da fasasshiyar tukunya, na aika a kira mutumin. A raina na gama shiri: in ya musa, sai gaban dattawan coci, shi ma kuwa dattijo ne a cikinsu. Na san in magana ta kai can, zumunci ya mutu, ɗana kuma zai kwashi iyalinsa ba zai sake kawo su ba. Amma ran jikana ya fi.

Ƙanen mijin nawa ya shigo yana goge baki. "Matar Yaya, lafiya tun ban sha kunu ba?"

Na ɗaga tukunyar. "Dattijo, ka san wannan?"

Ya leƙa, ya ja da baya da sauri. "Yesu! Wa ya yi mana wannan?"

"Tambayar da na kira ka ka amsa ke nan."

Na ga idonsa ya kaɗa. Muna tsaye a haka sai ga surukata ta fito da yaro a kafaɗa. Ta kalli saman ƙofa, ta kalli ƙasa, ta yi wata 'yar ƙara, ta sunkuya ta ɗauki abin da hannunta tana hure masa ƙasa. Na yi ihu, "Ki yar!" Ɗana ya fito da gudu, ya saurare ta, sai ya fashe da dariya har ya dafa bango.

"Mama, ita ta saƙa. Gicciye ne."

"Gicciyen wace coci ne hannuwansa a karkace?"

Ɗana ya zaunar da mu ya yi bayani, tana faɗa yana juyawa. Yau ranar wani bikinsu ne na gargajiya, tun kafin bishara ta kai ƙasarsu. Lokacin ne sanyinsu yake fara karyewa, tumaki su fara kawo nono, mutane su san sun tsira daga wahalar shekara. Da suka zama Kirista, sai aka haɗa ranar da ta wata waliyiyarsu, ana saƙa wannan gicciye a rataya a ƙofa, a roƙi Allah ya tsare gida daga gobara da cuta. Kakarta ce ta koya mata, ba ta taɓa barin shekara ta wuce ba ta saƙa ba. Jiya da yamma ta bi yara bakin rafi ta yanko ciyawar.

Na ce, "Me sunan bikin?"

Ta ce, "Imolg." Ɗana ya ce a rubuce Imbolc ne, akwai harafin da ba sa furtawa. Na ce wannan damuwar 'yan boko ce, ni dai na ji Imolo, kuma Imolo nake cewa har yau.

Sai a lokacin na ji numfashina ya dawo. Na zauna a kan turmi. Ashe irin bikinmu ne na kan dutse bayan girbi, wanda kakanni suka fara, yanzu fasto ke buɗe shi da addu'a.

Dattijo ya gyara murya. "Matar Yaya, da ni mai ƙulli ne, ai da gonar zan ƙulla, ba jariri ba."

"Gonar ma ba taka ba ce," na ce. "Zauna ka sha kunu."

Na gaya wa surukata, ta bakin mijinta, cewa duk abin da za ta rataya a gidana ta fara nuna mini. Sannan na sa Dattijo, da yake ya fi mu tsawo, ya mayar da gicciyen inda yake. Yana nan har yau, ya bushe ya yi ja.

Abin da na koya shi ne, in ka ga abin tsoro a ƙofarka, fara tambayar na cikin ɗaki kafin ka aika a kira na waje.