Waƙar da Aka Zaɓa wa Jikar Inna

Mijina ya zo Amurka da sallarsa da azuminsa cikakku, amma kunnensa tuni ya zama Bature. Tun yana ɗalibi yake da wani kaset na samari masu gita, kuma a ciki akwai waƙa ɗaya da ya riƙe kamar gadon ubansa. Ganga ce ke farawa, gita ya biyo a guje, sannan su haɗa baki a amshi suna tafi. Saurayi ne ke roƙon budurwa kada ta bar shi, amma da muryar wanda aka yi wa albishir. Na sha ta a mota tsakanin Takoma Park da Alexandria har na haddace ba da son raina ba. Ranar da kaset ɗin ya tsinke, na yi hamdala a ɓoye.

A tsakiyar shekarun tamanin na haifi 'yarmu ta fari, mahaifiyata Inna ta taso daga Zariya don wankan jego. Inna ba ta taɓa son auren nan ba. Ba ta da laifin da za ta kama shi da shi, sai dai ya ɗauke mata 'ya ya kai bayan teku, kuma a ganinta namijin da ke wanke kwanuka akwai abin da yake ɓoyewa. In ya durƙusa ya gaishe ta, sai ta amsa a taƙaice. Saƙo kuwa ta bakina yake bi: "Ki ce wa mijin naki." Rabin abin kunyar suruki ce, ɗaya rabin ni na san ko mene ne. Abin yana ci mini rai, don ina so ta koma gida ta yarda da hannun da ta bar ni a ciki.

A lokacin ne wani wasan barkwanci na talabijin ya tono tsohuwar waƙar nan ya mai da ita waƙar buɗe shirinsa, kullum da yamma. Ranar farko mijina ya fito daga kicin da kumfa a hannu, ya sunkuci jaririyar yana juyi da ita a falo. Ita kuwa, mai kukan da ya gagari goyo da lallashi, ta yi tsit. Shi ke nan ya zama al'ada. Ko ina aiki ya kai shi, sai ya iso kafin a saka ta.

Wata rana Inna tana gasa mini jiki ta ce, "Ke, wai kullum yake aika musu kati?"

"Wane kati, Inna?"

"Na zaɓen waƙa mana. A gida sai mutum ya gaji da aika wa gidan rediyo kafin a saka masa sau ɗaya. Shi kullum sai an saka wa 'yarsa. Ashe Turawan nan suna jin maganarsa."

Na so in bar ta a haka, don ban taɓa jin ta yabe shi ba. Amma na ce, "Inna, ba shi ke zaɓa ba. Ko ba ma gida za su saka."

Ta matse tawul ta ci gaba da gashi, na ce a raina na ɓata rawata da tsalle.

Bayan 'yan kwanaki dusar ƙanƙara ta tsare hanya, yamma ta yi mijina bai iso ba. Ina kwance a ɗaki na ji ganga ta fara, yarinya tana tsala kuka, sai kuma kukan ya ɗauke. Na leƙo. Inna ce a tsakiyar falo, mayafi ya zame, tana taka rawar da ba ta da alaƙa da kiɗan ko kaɗan, jaririya a kafaɗa.

A haka ya buɗe ƙofa ya same ta. Ya tsaya da rigar sanyi a jikinsa, ya rasa ko ya durƙusa ko ya koma waje.

Inna ta miƙa masa yarinyar tana haki. "Ka makara, ɗana. Gobe ka fito da wuri, gwiwoyina ba na wannan kiɗan ba ne."